Rikicin Aure a Ƙasar Daura: Wace Ƙofa Za a Ƙwanƙwasa?

Zo mu zauna, zo mu saɓa ne, kuma babu gidan da ya fi ƙarfin saɓani, daga cikin birnin Daura har Baure da Zango da Sandamu da Mai'aduwa. Abin da ke ƙona mini rai shi ne yadda ake asarar kuɗi da mutunci saboda kuskuren ƙofa. Mai neman kuɗin cefane sai ta nufi ofishin 'yan sanda, wadda aka fasa wa kai kuma a ce ta je wurin liman ya ba ta haƙuri. Na raka 'yan'uwa da maƙwabta zaurukan manya da caji ofis da kotu, ga abubuwan da na ga suna rage wahala.

1. Ku fara tantance irin matsalar.
In akwai duka, ko rauni, ko barazanar kisa, ko kulle mutum a ɗaki, wannan laifi ne, kuma aikin 'yan sanda ne. In maganar ci da sha ce, ko rabon kwana, ko saki, ko sadaki, ko riƙon yara, wannan haƙƙi ne, wurinsa kotun shari'ar Musulunci. In kuwa ɓacin rai ne da kaifin harshe, manyan gida sun isa, kuma ba sai an kashe ko kwabo ba.

2. A samo mutum biyu masu sanyin hali, ɗaya daga kowane ɓangare.
Tsarin da aya ta 35 a Suratun Nisa'i ta shimfiɗa ke nan, kuma ko kun je kotu, sau da yawa alƙali zai maido ku kansa kafin ya saurari shaidu. Kada ku ɗauko gwaggon da tun ranar ɗaurin aure ba ta son haɗin, ko ƙane mai zafin kai. Kawu ko baffa da zai iya jin magana har ƙarshenta ya fi su amfani. A saurari miji shi kaɗai, a saurari matar ita kaɗai, sannan a haɗa su, domin akwai abin da mace ba za ta taɓa faɗa a gaban surukinta ba.

3. Ku bi ta wurin mai unguwa.
Daga mai unguwa zuwa dagaci, zuwa hakimi, har fadar Sarkin Daura, hanyar sulhu a buɗe take, kuma mutanen sun san asalin gidajen biyu. Sai dai ku riƙe cewa aikinsu sasantawa ne, ba su tsinke igiyar aure, ba su ɗaure kowa.

4. Duk sulhun da aka yi, a rubuta shi.
Falle ɗaya daga littafin makarantar yara ya isa: kwanan wata, tiya nawa ta gero ko masara maigida zai riƙa ajiyewa, nawa ne kuɗin cefane, yaushe za a yi biko, me ita kuma ta ɗauki alkawarin dainawa. Kowa ya sa hannu ko ya dangwala yatsa, shaidu biyu su sa nasu, a ɗauki hoton takardar a waya. Bayan wata shida in wani ya ce ba haka aka yi ba, takardar za ta yi magana, kuma alƙali zai ga cewa an bi hanyar gida kafin a zo gabansa.

5. Iyaye, kada ku rufe duka da kalmar haƙuri.
Haƙuri yana da muhallinsa, kamar talauci da jinya da halin da bai taɓa lafiyar jiki ba, kuma babu mai musun ladansa. Amma in 'yarku ta shigo da kumburarren ido, ko tana ɗingishi, ko tana ɓoye hannu a cikin hijabi, kada ku ce ta koma kafin magariba don gudun abin da unguwa za ta faɗa. Ku zaunar da ita, ku ba ta ruwa, ku ji abin da ya faru. Mazhabar Malikiyya da kotunanmu ke bi ta ba alƙali ikon raba aure saboda cutarwa, to don me mu za mu fi shari'a tsanani a kan 'ya'yan da muka haifa?

6. In an ji rauni, asibiti tukuna.
Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta hana asibiti ƙin karɓar mai buƙatar taimakon gaggawa, saboda haka kada a tsaya ana gasa wuri da ruwan zafi har ya ruɓe. Ki faɗa wa likita gaskiyar abin da ya faru, kada ki ce kin zame a bakin rijiya, domin abin da ya rubuta a kati shi za a karanta gobe a kotu. A ɗauki hoton raunin a ranar, a adana katin asibiti da rasit na magani a gidan da ba na mijin ba.

7. Ki shirya mafita tun hankali na kwance.
In kin san halin maigidan idan ya fusata, ki ajiye kuɗin mota, da katin shaidarki, da takardun haihuwar yara a cikin leda ɗaya wurin maƙwabciyar da kika yarda da ita. Ki haddace lambar mutum biyu a ka, domin waya ita ce abu na farko da ake fizgewa. Lambar gaggawa ta ƙasa 112 ce, amma ki nemi ta ofishin 'yan sandan yankinku ki haɗa da ita, ki kuma ba babban yaronki.

8. Ranar da gida ya ɗau zafi, a kawar da abin cutarwa.
Wuƙa, adda, taɓarya, galan na fetur, kwalbar fiya-fiya, duk a miƙa wa maƙwabta har zukata su sauka, kuma kada a yi musu a madafa kusa da tafasasshen ruwa. Wannan ya shafi maza ma: Malam, in matarka ta taɓa zaro maka wuƙa ko ta yi maka barazana da guba, ka faɗa wa waliyyinta, ka kai rahoto, kada kunyar a ce mace ta kore ka ta sa ka yi shiru. Wanda ya ji zuciyarsa ta kawo wuya, ya ɗauki hularsa ya fita.

9. Maƙwabta, in kun ji ihu, ku leƙa.
Kada mutum ya shiga shi kaɗai. A kira dattijo ɗaya da mace babba, a yi sallama da ƙarfi, sau da yawa jin muryar baƙo kaɗai kan tsayar da hannu. Ku riƙe ranar da abin da kuka gani da idonku. A fiƙihun Malikiyya ana iya tabbatar da cutar da mace har da shaidar abin da ya yaɗu a bakin mutanen unguwa, saboda haka shirunku yana iya zama sanadin da za ta rasa haƙƙinta.

10. Kada ki je ofishin 'yan sanda ke kaɗai.
Ki tafi da ɗan'uwa ko wata babba mai natsuwa, ki nemi a haɗa ki da 'yar sanda mace in akwai abin da ba za ki iya nuna wa namiji ba. Ki faɗi rana da lokaci da abin da aka buge ki da shi, ba tare da ƙari ba, domin ƙarya ɗaya kan rushe gaskiya goma. Kafin ki sa hannu a bayanin da aka rubuta, ki ce a karanta miki shi da Hausa, ki kuma rubuta sunan jami'in da ke riƙe da maganar.

11. Ku san abin da ɗan sanda ba shi da iko a kai.
Ba ya raba aure, ba ya tilasta wa mace komawa ɗakinta, ba ya ƙwato kayan lefe, ba ya yanke wa wanda yara za su zauna. Sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana kama mutum saboda rikicin haƙƙi kawai ko saɓa yarjejeniya. Duk wanda ya ce ku kawo kuɗi zai sa a kamo muku suruki kan akwatunan lefe, kuɗinku kawai zai ci.

12. Ba a kama wani a madadin wani, kuma beli kyauta ne.
In miji ya gudu, ba a tsare mahaifinsa ko ƙanensa don ya fito. In mace ta yi yaji, ba a tsare uwarta, sashe na 36 na dokar nan ta 2020 ya hana. Kundin tsarin mulki na 1999 kuma ya ce a kai wanda aka kama gaban kotu cikin kwana ɗaya in akwai kotu a tazarar kilomita 40, kuma kotu a cikin gari take a Daura. Ku faɗi wannan cikin ladabi, da murya ƙasa-ƙasa, ya fi tasiri a kan hayaniya a bakin kanta.

13. Kada a mayar da caji ofis wurin huce haushi.
Na ga inda dangin mace suka sa aka kulle miji saboda ya kwana biyu bai ba da cefane ba, wai don ya ji a jikinsa. Mutumin ya fito daga bayan kanta da safe, babu hula, takalmi a hannu, yaran unguwa na kallo, kuma kafin azahar takardar saki ta isa gidansu. Cefanen bai samu ba, auren ma ya tafi. In kina son auren, haƙƙinki kawai kike nema, kotu ce za ta ƙwato miki shi ba tare da an kai ga haka ba.

14. In ana bibiyar ki da barazana, ki nemi kariya a rubuce.
Mataki mafi sauƙi shi ne 'yan sanda su kira shi ya rubuta takardar alkawarin ba zai sake taɓa ki ko tare miki hanya ba, ki kuma karɓi kwafi. Dokar tarayya ta hana cin zarafin mutane ta 2015, wadda ake kira VAPP, ta zo da umarnin kariya, inda kotu ke hana mai cutarwa kusantar wanda yake cuta, kuma Jihar Katsina ta amince da tata dokar a ƙarshen 2023. Saƙonnin barazana da ya turo ta waya ko WhatsApp, kada ki goge ko ɗaya, ki tura wa wani amintacce ya ajiye.

15. In an yi watsi da kokenku, ku hau sama.
Wani lokaci za a ce muku maganar miji da mata ce, ku je ku sasanta, alhali ga jini a riga. Ku nemi ganin DPO da kansa, in ba a dace ba ku rubuta wa kwamandan yanki ko kwamishinan 'yan sanda a Katsina, ku riƙe kwafin takardar. Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa ma tana da ofis a Katsina, kuma ba a biyan kuɗi don kai mata koke.

16. Hisba na iya taimakawa wurin sulhu.
Hukumar Hisba da gwamnatin Dikko Umaru Raɗɗa ta kafa tana sauraron rikicin ma'aurata, kuma wasu mazan sun fi jin nauyin kiran malamai fiye da na dangi. Amma hukuncin ƙarshe kan aure da saki da yara na alƙali ne.

17. Kotu ba abin tsoro ba ce, kuma sammaci ba zagi ba ne.
A kotun shari'ar Musulunci da Hausa ake magana, mutum na iya tsayawa da kansa ba lauya, mace mai kunya ko mai jego kuma tana iya naɗa wakili. Ku je wurin rajistara kai tsaye, ku biya abin da aka tsara, ku karɓi rasit, ku rabu da masu zaman benci a ƙofar kotu da ke cewa sun san alƙali. Malam, in masinja ya kawo maka sammaci, ka karɓa ka je ranar da aka sa, domin ƙin zuwa kan jawo a kamo ka ko a ci gaba da shari'a ba ka nan.

18. Ku zo da shaidu, ku kuma saurari tambayar ƙarshe.
Ƙa'idar ita ce mai da'awa ya kawo hujja, wanda ya musa ya yi rantsuwa, saboda haka kuka da rantse-rantse a bakin ƙofa ba su maye gurbin mutum biyu adilai da suka gani ko suka ji. Kafin alƙali ya yanke hukunci wajibi ne ya tambayi kowane ɓangare ko yana da sauran magana ko sauran hujja, abin da malaman shari'a ke kira i'izari. In an zo nan, kada kunya ta sa ki ce babu alhali akwai shaidar da bai samu zuwa ba. Ki faɗa, ki roƙi a ɗaga zaman.

19. In maigida ya tafi ci-rani ya yi shiru, ki kai magana da wuri.
Mazajenmu da yawa suna Legas ko Fatakwal, wasu sun bi ta Agadas sun haura Libiya ko Aljeriya, kuma ana samun wanda shekara ke zagayowa ba aike ba waya. A Malikiyya, wadda aka bari ba ci ba sha alƙali na iya ba mijinta wa'adi sannan ya raba auren, wadda kuwa mijinta ya ɓace amma ya bar abin ciyarwa ana ɗibar mata shekara 4, kuma lissafin yana farawa ne daga ranar da ta kai ƙara. In ya dawo ya ce ai yana aikowa, maganarki ake ɗauka da rantsuwa tun daga ranar da kika sanar da alƙali, to kin ga zaman jira a ɗaki ba shi da riba.

20. Kada ki yi gaggawar neman hul'i in cutar da ke ake yi.
Hul'i shi ne mace ta fanshi kanta, yawanci da mayar da sadaki, kuma ya dace da wadda ba a zalunce ta ba, zaman ne kawai ya fita ranta. Amma wadda ake duka ko ake bari da yunwa, in ta tabbatar da haka, alƙali zai raba auren ba tare da ta biya komai ba. Har ma wadda ta riga ta biya, in ta kawo hujjar cewa cuta ce ta tilasta ta, tana iya karɓo kuɗinta. Mata da yawa kan sayar da akuya ko gado su biya don kawai su huta, alhali da katin asibiti da shaidu biyu da sun fita da kayansu cif.

21. Saki, in ya zama dole, a yi shi ɗaya kuma a rubuce.
Malam, sunna ita ce saki ɗaya a cikin tsarkin da ba ka kusance ta ba, domin ya bar maka ƙofar kome. Mai furta uku cikin fushi shi ne ke yawo gidajen malamai washegari yana neman fatawa. A rubuta rana da adadin sakin, a sa shaidu, haka ma in an yi kome. Idda a ɗakinta ake yin ta, kamar yadda farkon Suratuɗ Ɗalaƙi ya nuna, da ciyarwa a kan miji in sakin na kome ne, mai ciki kuwa har ta haihu, sai fa in zaman akwai haɗari ga lafiyarta.

22. A rubuta kayan ɗaki tun ranar jere.
Sadaki nata ne, abin da iyayenta suka yi mata nata ne, amma firji da talabijin da keken ɗinki da aka saya ana cikin zaman aure su ne ke haddasa rantsuwa a kotu. In babu hujja, alƙali kan ba mace abin da aka saba na mata ne, ya ba namiji abin da aka saba na maza ne, kowa da rantsuwarsa. Ki adana rasit da sunanki, kuma ranar kwashe kaya a yi shi da rana, a gaban wakilin mai unguwa, kada a fasa ƙofa.

23. Yara ba ganima ba ne.
A Malikiyya uwa ce ke da haƙƙin reno, namiji har ya balaga, mace har ta tare a gidan miji, in kuma uwar ta auri wanda ba muharramin yaran ba, renon kan koma wurin kakarsu ta wajen uwa kafin a zo kan dangin uba. Ci da sutura da magani da makaranta kuwa suna kan uba duk inda yaran suke. Kada a aika samari su ɗauke yaro daga Islamiyya, wannan kan mayar da maganar reno ta zama ta 'yan sanda. Mu da ke bakin iyaka, da aure tsakaninmu da Magarya da Matamai da Damagaram, a kammala maganar reno a rubuce kafin wani ya haura da yaro ta Kwangwalam ko Babban Mutum, domin sammacin kotun Nijeriya ba ya aiki da kansa a ƙasar Nijar.

24. In hukunci bai yi muku ba, ku ɗaukaka ƙara, kada ku zagi alƙali.
Daga ƙaramar kotun shari'a ana zuwa babbar kotun shari'a, daga nan sai Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'ar Musulunci a Katsina, wadda sashe na 277 na kundin tsarin mulki ya ba hurumin aure da saki da reno da gado. Wa'adin gajere ne, yawanci kwana 30, saboda haka ku nemi kwafin shari'a tun a makon da aka yanke hukunci.

25. Rashin kuɗin lauya ba ya rufe hanya.
Hukumar ba da agajin lauyoyi kyauta ta tarayya tana da ofis a Katsina, ƙungiyar mata lauyoyi ta FIDA ma tana da reshe a jihar, kuma mota ɗaya ce daga tashar Daura. Ku tafi da duk takardunku a jere, da taƙaitaccen bayani a falle ɗaya, don kada a ce ku koma ku dawo. Maƙwabtanmu da suka yi auren rajista kuwa, Babbar Kotun Jiha ce kaɗai ke raba irin wannan aure a ƙarƙashin dokar 1970, don haka can za su nufa da takardar shaidar aurensu ta asali.